Neman Aure a Gajerun Finafinan Barkwancin Jamus, Kafin Fim Ya Fara Magana

Gajerun finafinan barkwanci a kan soyayya da neman aure babban reshe ne na silimar Jamus ta farko, daga wajen 1906 zuwa 1920. Finafinai ne marasa magana. Hoto ne kaɗai ke motsi a allo, ana tsarma 'yan rubuce-rubuce tsakanin fitowa da fitowa, mai kiɗan piyano kuma yana gefe yana bin abin da ke faruwa. Na farko-farkon ba sa wuce minti 5 zuwa 15, daga baya suka miƙe har suka kai minti 45. Ginshiƙin labarinsu ba ya cika sauyawa: ana son a yi aure, sai uba, ko suruka, ko talauci, ko bambancin matsayi ya gitta, daga nan sai dabara da ƙarya da ɓad-da-kama, har a kai ga baiko. Wanda ya kalle su a gurguje zai ɗauka shirme ne kawai. Amma a cikinsu ne Jamusawan wancan zamani suka fi sakin jiki suna yi wa tsarin aurensu dariya, tsarin da kuɗi da muƙami da yardar uba suka riƙe wa wuya.

Tarihin haska fim a Jamus ya soma ne ranar 1 ga Nuwamba 1895, lokacin da wasu 'yan'uwa biyu, Max da Emil Skladanowsky, suka nuna hotuna masu motsi a gidan wasa na Wintergarten da ke Berlin, kusan wata biyu kafin 'yan gidan Lumière su yi nasu a Paris. Na'urar 'yan'uwan ba ta yi ƙarko ba. Wanda ya kafa sana'ar a kan ƙafafunta shi ne Oskar Messter, wanda ya fara ƙera na'urori da shirya finafinai a 1896. Shekara goman farko, masu yawo da majigi ne ke kai fim filayen bukukuwa da gidajen wasa. Daga wajen 1905 aka fara mayar da shaguna da mashaya ƙananan gidajen kallo na dindindin, waɗanda mutanen Berlin ke kira Kintopp. Ba fim ɗaya ake shiga kallo ba. Ana jera labaran duniya, da hotunan ƙasashe, da ɗan labari mai sosa rai, sannan barkwanci ɗaya ko biyu. Naɗin fim ɗaya mita 300 ne ko ƙasa da haka, abin da ba ya wuce kwata na awa a allo. Wannan ƙarancin lokaci shi ya tilasta wa masu shiryawa ɗaukar labarin da kowa zai gane tun daga fitowar farko, kuma babu labarin da ya kai neman aure saurin ganewa. Da an ga saurayi da furanni a hannu, da uba a bakin ƙofa ya haɗe rai, an san inda aka dosa. A ƙananan gidajen kallo da yawa akwai kuma mai bayani, wanda ke tsaye kusa da allo yana fassara abin da ake gani, yana ƙara nasa gishirin da karin harshen unguwa.

Kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya, yawancin finafinan da ake haskawa a Jamus na waje ne. Kamfanonin Pathé da Gaumont na Faransa, da Nordisk na Denmark, da na Italiya, su ke da kasuwa. Max Linder, Bafaranshen nan mai doguwar hula da kwat, wanda kullum yake cikin rigimar neman wata budurwa, ya fi kowane ɗan wasan barkwanci na gida suna a allo. Faransawa sun ƙware a guje-guje da fashe-fashen kwanoni. Jamusawa ba su kamo su a nan ba, sai suka juya ga abin da suke da shi a gida, wato wasannin dandamali na raha da wasannin waƙa na Berlin da Biyana, waɗanda dama rikicin aure ne jigonsu. Heinrich Bolten-Baeckers, wanda ya rubuta baitocin wasannin waƙa na Paul Lincke, yana cikin waɗanda suka tsallako da wannan gado zuwa fim. A 1909 ya shirya *Don Juan heiratet*, wato Don Juan zai yi aure, da Josef Giampietro, tauraron dandamalin Berlin. Wani gogaggen manemin mata ne ya yanke shawarar natsuwa, sai tsofaffin 'yan matansa suka yi masa dirar mikiya ranar ɗaurin aure.

A Munich kuwa, Karl Valentin ya yi *Karl Valentins Hochzeit*, bikin auren Karl Valentin, wajen 1912. Valentin dogo ne siriri ƙwarai, amaryar kuma ƙatuwa ce, kuma namiji ne, Georg Rückert, ya sa kayan mata ya fito a matsayinta. Ango ba ya so, amarya ce ke jan ragama tun daga farko, ƙarshenta ta faɗo masa ta danne shi. Liesl Karlstadt, wadda ta zama abokiyar wasansa ta shekaru da dama, ta fito a matsayin 'yar aiki. Wannan shi ne tsohon salo: mace mai son aure abar tsoro ce, dariyar kuma daga jiki take fitowa. Cikin shekara ɗaya ko biyu salon ya sauya, budurwar ta tashi daga abar dariya ta koma mai kitsa dariyar da kanta.

Ba za a fahimci wannan sauyi ba sai an san yadda aure yake a Jamus ta lokacin sarki Wilhelm na Biyu. Kundin dokokin zaman jama'a da ya fara aiki ranar 1 ga Janairu 1900 ya ba miji ikon yanke hukunci a kan al'amuran gida da wurin zama, da kula da dukiyar da matar ta shigo da ita. Wanda bai kai shekara 21 ba ba ya aure sai da yardar uba. Malamar makarantar gwamnati takan rasa aikinta idan ta yi aure. Hafsan soja ba ya aure sai da izinin na sama da shi, kuma ƙaramin hafsa sai ya nuna cewa akwai isassun kuɗin riƙe gida, abin da ya sa da yawansu ke farautar 'ya'yan attajirai. A gidajen masu hali, ba ango ke ba da sadaki ba kamar yadda aka sani a ƙasar Hausa. Uban amarya ne ke haɗa ta da dukiya, ban da kayan ɗaki, yawan dukiyar kuma shi ke nuna irin mijin da za ta samu. Jaridu cike suke da tallan neman aure, inda ake faɗin jari da matsayi ba kunya. A lokaci guda kuma birane suna cika. Berlin da ke da mutum kusan 800,000 a 1871 ta kai miliyan 2 a 1905. Dubban 'yan mata suna aiki a ofisoshi, da gidan waya, da manyan kantuna irin su Wertheim da Tietz, suna da 'yan kuɗinsu, suna fita da yamma. Su ne kuma ke cika kujerun silima. Emilie Altenloh, wadda ta yi bincike a kan 'yan kallo a birnin Mannheim ta buga shi a 1914, ta nuna cewa mata na kowane mataki sun rungumi silima, kuma labaran soyayya suna gaba a abin da suke so. Masu kamfanoni sun san da wannan. Barkwancin da zai ci kasuwa dole ya yi wa mai sayar da safar hannu a kanti daɗi, ita kuwa ba za ta biya kuɗi don a yi ta nuna mata cewa mace abar dariya ce ba.

Daga nan aka samu tauraruwar da ta mamaye waɗannan shekaru, budurwa mai tashen balaga, mai rawar kai, wadda Jamusawa ke kira Backfisch. Dorrit Weixler ce ta fara yin suna da wannan rawa, a finafinan da Franz Hofer ya shirya wa kamfanin Luna, irin su *Das rosa Pantöffelchen* na 1913, labarin wata 'yar gidan sarauta mai ƙiriniya da silifas ɗinta ruwan hoda. A *Fräulein Piccolo* na 1914, ma'aikatan otal ɗin iyayenta sun gudu, sai ta riƙa yin aiki biyu: wani lokaci 'yar gyaran ɗaki, wani lokaci yaro mai kai abinci sanye da wando. Wani laftanan ya faɗa son 'yar gyaran ɗakin, bai san ita ce yaron da ke yi masa hidima ba. Da haka ta samu abin da budurwar gidan mutunci ba ta samu a zahiri, wato ta ga halin manemi a lokacin da yake zaton ba ta nan. Weixler ba ta yi tsawon rai ba, ta rasu a 1916 tana da shekara 24 kacal, bayan doguwar jinya.

Asta Nielsen, 'yar Denmark da ta koma aiki a Jamus a 1911 tare da darakta Urban Gad, an fi saninta da finafinan ban tausayi, amma gwanar barkwanci ce. A *Engelein* na 1914 tana da shekara 32 ta fito a matsayin Jesta, 'yar shekara 17 da aka tilasta wa ta yi kamar 'yar 12. Dalili shi ne an haife ta shekara biyar kafin iyayenta su ɗaura aure, kuma ba a son wani attajirin dangi da zai zo daga Amurka ya gano, kada gado ya kuɓuce. Jesta tana rungume da 'yar tsana a gaban baƙo, da ya juya baya sai ta kunna sigari. Dariyar duk a kan munafuncin manya take, su da suka ƙirƙiri ƙaryar don kuɗi. A *Das Liebes-ABC* na 1916 kuwa, wanda Magnus Stifter ya shirya, an yi mata baiko da wani saurayi mai kunya da bai san komai game da mata ba, sai ta sa kayan maza ta ja shi yawon dare don ta wayar masa da kai.

Sa kayan da ba na jinsin mutum ba tsohuwar al'ada ce a dandamalin Turai, amma fim marar magana ya dace da ita fiye da kowane dandamali, tunda babu muryar da za ta tona asiri. Maza ma sun yi. A *Aus eines Mannes Mädchenzeit* na kamfanin Messter, 1913, Wilhelm Bendow ya fito a matsayin mutumin da ya rasa aiki, ya yi shigar mata ya shiga aikatau, sai ga shi yana fama da manema. Amma akwai bambanci. Namiji cikin siket, abin da ake nema a yi dariya a wuce. Mace cikin wando kuwa tana shiga wuraren da aka hana ta, tana jin abin da maza ke faɗa a bayan idon mata, kuma idan ta koma ga kayanta ta amince da aure, ta amince ne da idonta a buɗe. Nan ne ƙarfin waɗannan finafinai yake, kuma shi ya sa ba su tsufa kamar sauran ba.

Ɗaya tauraron shi ne yaron kanti mai wayo. Ernst Lubitsch, wanda aka haifa a Berlin a 1892, ɗan wani Bayahude ne mai sana'ar ɗinkin kayan mata, ya kuma yi wasa a ƙungiyar wasan dandamali ta Max Reinhardt tun 1911. A *Der Stolz der Firma* na Carl Wilhelm, 1914, ya fito a matsayin Siegmund Lachmann, wanda aka kora daga wani shago a ƙaramin garin Rawitsch, ya nufi Berlin, ya samu aiki a gidan ɗinki, ya yi ta hawa da daɗin baki da rashin jin kunya har ya auri 'yar maigidan. Ba a ɓoye cewa soyayyar da neman ci gaba a haɗe suke ba, kuma fim ɗin bai hukunta shi a kan haka ba. Masana na ta muhawara har yau ko irin wannan rawa ta ƙarfafa mugun zaton da ake yi wa Yahudawa, ko kuwa raha ce ta cikin gida da Yahudawan Berlin ke yi wa kansu. Abin da ba a musu a kai shi ne, a nan Lubitsch ya koyi kallon kyamara ya ƙifta ido, ya mayar da ɗan kallo abokin sirrinsa. Ba da jimawa ba ya fara ba da umarni da kansa. A *Als ich tot war* na 1916, miji ne suruka ta kora daga gida saboda yawan fita wasan dara irin na Turawa, sai ya yi ƙaryar mutuwa, ya dawo gidan a matsayin bara don ya sake neman matarsa.

Yaƙin da ya ɓarke a Agusta 1914 ya rufe ƙofa ga finafinan Faransa da Ingila, daga baya na Italiya da Amurka, kamfanonin gida suka samu fili. Jama'a na fama da yunwa da zaman makoki, sojojin Jamus kusan miliyan 2 ne suka mutu kafin a gama, kuma buƙatar abin dariya ta ƙaru. Mata suka shiga masana'antu da tuƙin taragon cikin gari. A wannan yanayi ne Rosa Porten, yayar shahararriyar jaruma Henny Porten, ta riƙa rubutawa da ba da umarni tare da mijinta Franz Eckstein, suna sa hannu da sunan aro, Dr. R. Portegg. Fim ɗinsu *Wanda's Trick* na 1918, da Wanda Treumann, ya kai maganar aure da ciniki maƙura. Wanda ma'aikaciya ce a kamfanin sigari, tana son maigidan, shi kuwa bai ɗauke ta matar aure ba saboda ba ta da komai. Da ta ci cacar sa'a, kamfanin kuma yana dab da durƙushewa, sai ya zo da maganar aure. Ta ƙi. Maimakon haka ta kawo dabarar talla: a ɓoye hotonta a kwalin sigari ɗaya, wanda ya dace da shi ya aure ta. Ciniki ya buɗe, maigidan ya shiga tashin hankali kada wani ya riga shi. Tunda an mayar da ita haja, ta ga gara ita ta yanka wa kanta farashi. Da wuya a samu wani fim na wancan zamani da ya faɗi wannan magana a fili haka.

Ƙololuwar wannan salo ita ce haɗuwar Lubitsch da marubuci Hanns Kräly da jaruma Ossi Oswalda, a kamfanin Union na Paul Davidson, wanda ya shiga ƙarƙashin babban kamfanin Ufa da aka kafa a Disamba 1917. A *Ich möchte kein Mann sein*, wato ba na son zama namiji, na 1918, Ossi tana shan sigari tana buga karta, aka naɗa mata mai kula mai tsanani, Dokta Kersten, wanda Curt Goetz ya fito a matsayinsa. Sai ta je wurin tela aka ɗinka mata kwat ɗin maza, ta tafi gidan rawa. Tun a hanya ta fara ganin wahalar maza: kwala mai shaƙe wuya, da tashi a ba mace kujera a jirgin ƙasa. A gidan rawan ta iske mai kula da ita, wanda ke yi mata wa'azi da rana, yana holewa. Bai gane ta ba, suka sha tare har suka bugu, suka yi sumba a keken doki alhali yana zaton saurayi ne, fitowar da masana ke ta tattaunawa a kanta har yanzu. Da gari ya waye asiri ya tonu, ikon da yake da shi a kanta ya rushe, sai soyayya ta maye gurbinsa. An haska fim ɗin a Oktoba 1918, wata ɗaya kafin faɗuwar sarauta da ba mata 'yancin zaɓe.

Rashin magana ya sa masu shirya waɗannan finafinai suka ƙware a amfani da kaya. Wasiƙa da ta faɗa hannun da bai kamata ba, zobe, hoto, takalmi, ramin makulli da ake leƙe ta ciki, ƙofar da ta rufe a daidai lokacin da ɗan kallo ke son ya gani: kowanne yana ɗaukar nauyin zance guda. Da hannu ake juya kyamara, kuma galibi a kafe take, ana ɗauka a ɗakunan gilashi don samun hasken rana, irin wanda aka fara aiki da shi a Babelsberg a 1912. Ana rina fim ɗin kala-kala, shuɗi alamar dare, ruwan ɗorawa alamar hasken fitila a ɗaki. Masu tace finafinai ma sun taimaka wajen wannan ƙwarewa ba da niyya ba. Daga 1906 'yan sandan Berlin suka riƙa duba fim kafin a haska, suna iya yanke fitowa, ko hana yara kallo, ko hana fim ɗin baki ɗaya. Abin da ba za a nuna ba dole a yi nuni da shi, kuma wannan iya nuni shi ya zama tambarin Lubitsch har ƙarshen rayuwarsa. Malamai da limaman coci sun yi ta yaƙi da silima a kan tana lalata tarbiyya, masu fim kuma suka rama a 1912 da *Wie sich das Kino rächt* na Gustav Trautschold. Wani Farfesa Moralski ne mai laccar la'antar silima, aka tura masa 'yar wasa ta ja hankalinsa a bakin teku, aka ɗauke shi a ɓoye, aka haska wa jama'a.

Zuwa ƙarshen yaƙi dogon fim ya riga ya ture gajere daga tsakiyar shiri. *Die Austernprinzessin* na 1919, mai tsawon kusan awa ɗaya, ya ɗauki jigon nan ya faɗaɗa shi: 'yar wani attajirin Amurka ta dage sai an samo mata yarima, dillalin aure ya nemo wanda ba shi da ko sisi, yariman kuma ya tura abokinsa ya dubo ta, aka ɗaura da abokin bisa kuskure. A ƙarshen 1922 Lubitsch ya tafi Amurka bisa gayyatar jaruma Mary Pickford, ya tafi da salon. Ossi Oswalda ba ta yi tasiri ba bayan fim ya fara magana, ta rasu cikin talauci a birnin Prague a 1947, shekarar da Lubitsch ma ya rasu.

Mafi yawan waɗannan finafinai sun salwanta. An buga su ne a kan wani sinadari mai saurin kama wuta da ruɓewa, kamfanoni kuma sukan narkar da tsofaffin kwafi don su ciro azurfar da ke jiki. Marubuta tarihi ma ba su kyauta musu ba. Littafin Siegfried Kracauer na 1947 da na Lotte Eisner na 1952 sun sa duniya ta san silimar Jamus da duhu da firgici irin na fim ɗin *Caligari* na 1920, aka ɗauki abin da ya gabace shi share fage kawai. An fara gyara wannan kuskure a 1990, lokacin da bikin finafinai marasa magana na Pordenone a Italiya ya keɓe shiri ga finafinan Jamus na kafin *Caligari*, Heide Schlüpmann kuma ta fitar da littafinta a kan matsayin mata a silimar Jamus ta farko. Wani kaso na abin da ya tsira ya fito ne daga ajiyar Jean Desmet, mai rarraba finafinai a Amsterdam, wadda UNESCO ta sa cikin kundin tarihin duniya a 2011, shi ya sa wasu kwafin ke ɗauke da rubutu da harshen Holan. *Als ich tot war* kuwa a Sulobeniya aka gano shi a shekarun 1990. Sauran suna hannun ma'ajiyar tarihi ta tarayyar Jamus, da gidauniyar Murnau da ke Wiesbaden, da gidan adana finafinai na Munich, inda ake gyara su, a mayar musu da launinsu na asali, a haɗa su da sabon kiɗa don haskawa.